Ni Na Canza Birkin Baya, Amma Audi Ake Tuhuma

Gwaggo Madina, assalamu alaikum. Don girman Allah ki taimake ni, kuma ki taimake ni da wuri. Yau Laraba, jibi Juma'a, idan har ban yi wani abu ba kafin Juma'ar nan ina tsoron abin da zai sami mutanen gidana. Sunayen da za ki gani duk na sauya su, ko da yake wanda ya san mu a Daura zai iya ganewa. Na kai inda wannan ma bai dame ni ba.

Ni ma'aikaciyar lafiya ce, ina zaune a Daura, ina aiki a wani ƙaramin asibiti ta wajen Zango. Shekarata goma sha ɗaya da aure, 'ya'yanmu biyu. Maigidana malami ne, yana koyarwa a Islamiyya, yana kuma limancin masallacin unguwarmu, mutum ne da idan ya yi magana ake ɗauka. Motar gidan tasa ce, amma ni nake hawa kullum zuwa aiki, shi yana hawa babur.

Kafin in faɗa miki abin da na aikata sai kin san ko ni 'yar wace ce. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, makanike ne. Bai haifi namiji ba, mu huɗu ne duk mata, ni ce babba. Tun ina firamare idan na taso sai in wuce gareji da sunan kai masa abinci, in zauna ina kallo har la'asar. Kafin in gama sakandare ina iya canza fulogi, in canza mai, in kwance taya in mayar. Baba yana alfahari da ni, yakan ce hannuna ya fi na rabin yaransa. Cikin waɗanda ya koya wa aiki akwai Audi, wanda muke kira Yaya Audi, domin a gidanmu ya girma. Shi ya riƙe garejin bayan rasuwar Baba, shi yake kai wa mahaifiyarmu cefane duk Juma'a har ita ma ta rasu. Yanzu magidanci ne mai 'ya'ya shida, kuma shi kaɗai yake taɓa motarmu.

Malam bai taɓa son wannan hali nawa ba. A shekarar da aka sayi motar ya dawo ya same ni a ƙofar gida na buɗe bonet ina gyara wayar batir, maza suna zaune a kan benci suna kallo suna dariya. Ya kira ni gefe. Da muka shiga ciki ya ce ba ya ƙin in san abu, amma matarsa ba za ta zama abin kallo ba, kuma daga ranar idan na sake riƙe sifana a kan motar nan bai yarda ba, bai kuma yafe ba. Na ce to. Shekara shida ban saɓa ba. Akwatin kayan aikin Baba yana ƙarƙashin gadona, nakan buɗe in shafa musu mai in mayar.

Kimanin wata guda da ya wuce Yaya Audi ya canza mana fad na birkin gaba, wato 'yan ɓangarorin nan biyu da suke matse farantin taya idan an taka birki. Ya ce na baya ma sun kusa ƙarewa, amma waɗanda suke kasuwa a lokacin bai yarda da su ba, in jira ya je Kano ya zo da masu kyau. Ban yi mako guda ba tayar baya ta fara ƙugi, ƙarfe yana cin ƙarfe. Na je gareji sau biyu, na farko ya tafi Kano, na biyu motoci sun yi masa layi, ya ce in dawo Litinin. A tsakanin aka tura ni taron bita Katsina. Ina wucewa ta gaban masu sayar da kayan mota sai na tsaya, na faɗi irin motar, aka miƙo min fad na baya. Na sa a jaka ban gaya wa kowa ba. Gwaggo, ba zan yi miki ƙarya in ce larura ce kaɗai ba. Hannuna ne yake ƙaiƙayi.

Ranar Asabar Malam ya tafi ɗaurin aure Mai'adua da yara, ya ce sai yamma. Na kulle ƙofar gida, na jawo akwatin Baba. Na tokare tayoyin gaba da bulo, na saki birkin hannu, na sassauta notuna, na ɗaga motar da jak, na tura guntun gungumen itace ƙarƙashinta kamar yadda Baba yake yi don kada ta faɗo. Na fara da dama. Na kwance kusoshi biyu, na zare kalifa, wato ƙarfen da yake rungume da farantin, na rataye shi da waya. Tsofaffin fad sun suɗe kamar takarda. Ina aikin ina jin daɗin da na daɗe ban ji ba.

Inda aikin ya tsaya shi ne mayar da fistin ciki, wato ƙarfen cikin kalifa da yake turo fad idan an taka birki, domin sabon fad yana da kauri, ba zai shiga ba sai an tura fistin baya. A motocin zamanin Baba matse shi kawai ake yi ya koma. Na ɗauko ƙarfen matsi irin na kafinta na ɗaura. Na ga wasu tsagu biyu a fuskar fistin ɗin, ban san amfaninsu ba, ban kuma tsaya tambaya ba. A dama na yi sa'a, ina murɗa matsin shi ma yana juyawa tare da shi, har ya shige. A hagu ya ƙi. Na matsa, ya ƙi. Rana ta fara yin tsaka, ina ta kallon ƙofa, kowane babur ya wuce sai gabana ya faɗi. Sai na zura guntun bututu a hannun matsin na danna da dukkan ƙarfina. Na ji wani abu ya ce ƙas, fistin ya shige a karkace. Robar da ta kewaye shi ta ɗan yage a gefe, na kuma ga danshi. Na sa tsumma na goge, na ce wa kaina tsohon mai ne. Na haɗa komai, na tattaka birki har ya yi tauri, na yi gaba da baya a tsakar gida, mota tana tsayawa cak. Na wanke hannu da omo da toka, na share wurin, na ɗora girki.

Litinin na je aiki lafiya, ƙugi ya ɗauke. Talata a hanyar dawowa na ji ƙafata tana ɗan nutsewa fiye da da kafin birki ya kama. Laraba ta ƙara nutsewa. Na san abin da wannan yake nufi, na sani sarai. Amma idan na kai wa Yaya Audi zai ga sabon fad ya tambaya, don haka na ce bari in jira Asabar in sake buɗewa da kaina.

Ranar Alhamis ba ni da aiki. Ina wanki ƙanin Malam, Mahdi, ya shigo ya ɗauki makulli a inda ake rataye shi, ya ce zai ɗauko Hajiya, surukata, daga ƙauye ya kawo ta ganin likitan ido. Na buɗe baki in ce ya bi a hankali da birki, sai na yi tunanin zai tambaye ni me ya sami birkin. Na yi shiru. Ina jin fitar motar har ta sha kwana.

A hanyarsu ta dawowa, daidai tudun rage gudu na shiga wani ƙauye, wani manomi mai suna Sada yana gabansu a kan babur da buhunan gyaɗa biyu. Ya rage gudu, Mahdi ya taka birki, birki ya tafi har ƙasa. Ya sake takawa, ya ɗan kama amma bai isa ba. Suka ɗauke shi ta baya. Cinyarsa ta karye. Hajiya ta bugi kujerar gaba, goshinta ya fashe, aka yi mata ɗinki huɗu. Allah ya tsare babu rai, amma da babbar mota ce a gabansu, ko yara 'yan makaranta ne suke tsallakawa, ban san abin da zan rubuto miki yau ba.

Daga asibiti Mahdi bai zame ko'ina ba sai gareji. Ya ci kwalar Yaya Audi a gaban mutane, ya ce ya sa mana jabun kaya ya kusa kashe masa uwa. Kowa ya san shi ya yi birkin motar kwanan nan, don haka babu wanda ya yi musu. Malam bai yi zagi ba, ba halinsa ba ne, amma bayan sallar la'asar da mutane suka taru yi masa jaje ya ce abin da ya fi yi masa ciwo shi ne wanda aka ba amana ya ci. Kin san maganar liman. Cikin mako guda masu motocin haya uku suka janye motocinsu daga garejin. Matar Yaya Audi ta daina zuwa makarantar matan unguwa saboda kallon da ake yi mata.

Ranar Lahadi Yaya Audi ya zo gidanmu, ya roƙi Malam ya bar shi ya ga motar. Ina tsaye a bakin ƙofar ɗaki ina leƙe. Ya durƙusa a tayoyin gaba, ya shafa, a bushe suke. Ya zagaya baya ta hagu, ya zura hannu ta bayan taya, ya fito da yatsunsa ya shinshina. Sannan ya kwantar da kai ya leƙa ta ramukan wili, ya daɗe yana kallo. Da ya ɗago bai kalli Malam ba, bai kalli Mahdi ba, ni ya kalla. Ya san bai sa fad a baya ba, ya kuma san mutum ɗaya ne a gidan nan zai iya sawa. Na jira ya faɗa. Wallahi da ya faɗa da na huta.

Abin da ya ce kawai shi ne, "Malam, ku yi min duk abin da za ku yi, amma kada kowa ya hau motar nan sai an buɗe tayar baya."

Mahdi ya ce ai gaba da baya duk shi ne, wa yake taɓa motar in ba shi ba, yana neman hanyar zillewa ne kawai. Yaya Audi ya goge hannunsa a riga ya fita. Bai kira ni a waya ba har yau, ni ma na kasa kiransa.

Sai Mahdi ya kai motar wurin wani abokinsa makanike. Shi kuma ya miƙe bamba, ya cire fad na gaba ya sa wasu, ya cika man birki, ya ce ai na Audi ne jabu, yanzu komai ya yi daidai. Bai kwance tayar baya ba, don Mahdi bai ma gaya masa maganar ba. Mahdi ya kuma kai ƙara wurin shugabannin ƙungiyar makanikai, za su zauna ranar Litinin mai zuwa, ana cewa za su iya korar Yaya Audi daga filin garejin. Filin da mahaifina ya yi shekara talatin a cikinsa.

Na je duba Sada sau uku da abinci. An sa masa ƙarfe a ƙafa. Gyaɗarsa tana gona ba a gama cira ba, matarsa ce take zaune da shi da jariri a baya. Duk zuwan da na yi sai ta riƙe hannuna tana sa min albarka, tana cewa ba a cika samun masu mota irinmu ba. Ina fitowa nake neman bayan gini in yi kuka.

Ga abin da ya sa na rubuto yau. Ƙanwar Malam ta haihu a Mashi, jibi Juma'a suna. Malam ya ce shi zai tuƙa, za mu tafi da Hajiya da yara biyu da ni. Tun da aka dawo da motar na ce kaina yana ciwo ba zan iya tuƙi ba, ina bin motar haya. Shekaranjiya da safe na leƙa, na ga layin jiƙa ya gangaro ta cikin tayar hagu. Na buɗe bonet, man birki yana kan layin sama. Yau da safe, bayan Mahdi ya ɗan zaga da ita cikin gari jiya, ya sauka kusan yatsa biyu. Sai na ɗauke makullin na cusa shi cikin buhun gero. Malam ya birkice gidan nan yana nema, ya tuhumi yara, ƙaramar har ta yi kuka. Ya ce gobe da safe zai kawo mai yanka makulli.

Gwaggo, idan na faɗa, na tona cewa na saɓa wa mijina a kan abin da ya ce bai yafe ba, na raunata mahaifiyarsa, na bar shi ya tsaya a gaban jama'a ya zargi mutumin da bai ji ba bai gani ba, ina kallo mako biyu. Ban san ko aurena zai ɗauki wannan ba. Idan na yi shiru, ko dai mu hau motar, ko in ci gaba da ɓoye makulli kamar ɓarauniya, Yaya Audi kuma ya rasa wurin cin abincinsa. Na yi tunanin in jira Malam ya fita in sake buɗe tayar in gyara, amma yanzu na san abin ya fi ƙarfina, kuma ko na gyara, Litinin tana nan. Na yi tunanin in kira Yaya Audi ya zo a ɓoye, amma da wane ido zan kalle shi? Akwai hanyar da zan tsare motar, in wanke shi, ba tare da Malam ya san ni ce ba? Ba na iya cin abinci. Ki gaya min abin da zan yi.

Taki, 'Yar Makanike, Daura.

AMSA

Wa alaikumus salam, 'yata. Wasiƙarki ba irin wadda ake ajiyewa sai ranar fitowar jarida ba ce, shi ya sa na aika miki da wannan amsa a ranar Larabar da ta iso ni. Na buga ta a nan da izininki don wasu su amfana.

Ga amsar tambayarki ta ƙarshe tun da wuri: babu. Babu hanyar da za ki tsare motar, ki wanke Audi, ki kuma ɓoye kanki. Kin yi mako biyu kina neman wannan hanyar, da tana nan da kin same ta, don ke ba mara wayo ba ce. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ki gaya wa Malam yau, kafin mai yanka makulli ya zo.

Na kira wani tsohon makanike da na sani na karanta masa abin da kika yi, ban faɗi suna ba. Ya ce a motoci da yawa fistin na baya yana haɗe da birkin hannu, murɗa shi ake yi yana shiga kamar kusa mai zare, tsagun nan biyu da kika gani wurin zaman abin murɗawar ne. Danna shi da ƙarfi yana lalata cikinsa, ya yaga robar da take riƙe mai. Ya ce ba zai rantse ba sai ya buɗe ya gani, amma jiƙa a bayan taya, mai yana sauka, ƙafa tana nutsewa, waɗannan ukun idan suka haɗu motar ba ta da birki, ko da jiya aka cika mata mai. Ya ce kada a tuƙa ta ko zuwa bakin layi, kada kuma a ja ta da igiya. A ɗauke ta da janwe, ko makanike ya zo gida. Kalifan hagu sai an canza ko an sabunta cikinsa, a duba na dama, a cire iska daga bututun birki na dukkan tayoyi huɗu. Ke kuma kada ki sake buɗewa.

Yanzu bari in raba miki laifi da abin da ba laifi ba, don na ga kin cakuɗa su. Iya riƙe sifana ba abin kunya ba ne, gado ne mai kyau, kuma yawancin abin da kika yi daidai ne, daga tokare taya har tattaka birki kafin ki motsa. Kuskuren fistin ma kuskure ne na rashin sani, masu gareji suna yin irinsa. Inda kika faɗi shi ne wuri uku: kin ga danshi kin goge, kin ji ƙafa tana nutsewa kin ce sai Asabar, Mahdi ya ɗauki makulli kin rufe baki. A duk ukun ba sani ne ya gaza miki ba, tsoron a gane ne ya rinjaye ki. Wannan tsoron shi ya karya ƙafar Sada, kuma shi ne har yanzu yake ba ki shawara. Kada ki ƙara sauraronsa.

Malam yana da haƙƙin ya yi fushi, kada ki shiga wurinsa da shirin kare kai. Kin yi masa alkawari kin karya, mahaifiyarsa ta zubar da jini, kin kuma bar shi ya yi maganar da zai ji kunyarta. Ko dokar da ya kafa miki ta yi tsauri, wannan zance ne na wata rana, ba na yau ba. Shi ma yana da nasa, ya yanke hukunci a kan mutum kafin a bincika, aka kuma gargaɗe shi a kan tayar baya bai bi ba. Amma ba ke za ki tuna masa ba. Malami ne, zai gani da kansa, kuma zai fi yi masa zafi fiye da duk abin da za ki faɗa.

Ki same shi shi kaɗai, ba a gaban Mahdi ko yara ba. Ki ɗauko makullin ki sa masa a hannu, ki ce ke kika ɓoye, ki roƙe shi ya biyo ki wurin motar. Ki nuna masa jiƙar, ki nuna masa man. Sannan ki faɗi komai a jere kamar yadda kika faɗa min, kada ki rage na ranar Alhamis, domin abin da kika rage yau shi zai fito gobe ya rushe sauran. Idan kin san bakinki zai mutu, ki kira kawunki ko wani babba da Malam yake jin nauyinsa ya zauna, amma ke za ki yi maganar. Ki nemi gafarar ƙaramar 'yarki ma, an sa ta kuka a kan abin da ba ta yi ba.

Ba zan yi miki alkawarin yadda zai karɓa ba, ban san shi ba. Yana iya ƙaurace miki, yana iya cewa ki je gida ki huta. Amma ki auna da kanki: fushin miji ana zama a sasanta shi, dangi suna shiga, lokaci yana sanyaya shi. Abin da zai iya faruwa a hanyar Mashi da mutum biyar a cikin mota babu mai sasanta shi.

Audi kuwa ya yi miki abin da ɗan'uwa na jini ba lalle ya yi ba. Ya rufa miki asiri don darajar mahaifinki, ya kuma yi gargaɗin da ya wajaba a kansa. Kada ki mai da karamcinsa jakin da za ki ɗora wa kaya. A inda aka ɓata shi a nan za a wanke shi, a ƙofar masallaci da cikin gareji, kuma kafin Litinin. Ba dole ba ne a shelanta sunanki ga duk gari, ya isa Malam ya ce an bincika, matsalar daga tayar baya ce, aikin da aka yi a gida ne, Audi ba shi da hannu. Amma shugabannin ƙungiya idan sun tambaya a gaya musu gaskiya, Mahdi ya janye ƙararsa da bakinsa, ya je ya ba da haƙuri a wurin da ya ci kwala. Ke ma ki je da ƙafarki, da izinin mijinki, ki durƙusa masa da matarsa.

Sada ma yana da haƙƙin sanin abin da ya kwantar da shi. Ku je ke da Malam, ku faɗa masa, ku tsaya a kan jinyarsa, a samo masu cire masa gyaɗa kafin ta lalace a ƙasa. Abin da shari'a ta ɗora muku game da rauninsa, ku bar wa malamai da dattawan ɓangarorin biyu su faɗa.

Ga masu karatu da suke sha'awar canza birkin baya da kansu, ban ce kada ku yi ba. Amma ku fara sanin irin fistin ɗin motarku kafin ku kwance kusa ko ɗaya, ku tanadi abin murɗa shi, kada ku dogara da jak shi kaɗai. Abin da ya ƙi shiga da lallami kada a sa masa ƙarfi. Idan kun gama, wanda ya fi ku sani ya duba. Kuma duk aikin birkin da sai an kulle ƙofa ana kallon hanya za a yi shi, a bar shi.

Da safiyar Alhamis saƙo ya shigo min daga wannan baiwar Allah, layi uku kacal. Ta ce ta faɗa. Ta ce Malam da kansa ya je ya ɗauko Audi a kan babur ɗinsa, aka buɗe tayar a tsakar gida a gaban Mahdi, suka tarar da kalifa sharkaf da mai. Ta ce tun jiya Malam bai ce mata uffan ba, bai kuma ci abincinta ba.

'Yata, ki bar shi da shirunsa, kada ki matsa, kada kuma ki yi yaji. Mutumin da ya tashi da safe ya je ya goyo wanda ya zarga a bayansa, ya ratsa unguwa da shi kowa yana gani, ya riga ya fara aiki mafi wuya, saura naki da nasa, wannan kuma sai a hankali. Ki ci gaba da girki ko bai ci ba, ki kula da Hajiya, ke ma ki sa wani abu a cikinki. Allah ya ba Sada da Hajiya lafiya, ya mayar wa Audi da abin da ya rasa da ninki, ya sanyaya zuciyar maigidanki, ya jiƙan mahaifinki.

Gwaggo Madina